Daga dajin Ostireliya zuwa kangon Wales: yadda annoba ta tayar da shirin I'm a Celebrity a 2020

Yadda shirin yake kafin matsala (2002 zuwa 2019)

Gidan talabijin na ITV da ke Birtaniya ya fara nuna I'm a Celebrity... Get Me Out of Here! a shekarar 2002, kuma masu gabatarwa Ant McPartlin da Declan Donnelly, da aka fi sani da Ant da Dec, ne fuskokinsa tun daga ranar farko. Tsarin bai da wuyar fahimta. Ana ɗebo mashahuran mutane 10 zuwa 12, 'yan wasan kwaikwayo da mawaƙa da 'yan wasanni da 'yan jarida, a zuba su a sansani cikin daji na kimanin mako uku, ba waya, ba agogo, ba labarin duniya. Abincin da aka ba su tabbacinsa shinkafa ce da wake, ɗan kaɗan. In ana son nama da ganye a tukunyar dare, sai wani ya fita gwaji ya ciwo taurarin roba daga cikin akwatin macizai, ko ramin ɓeraye, ko kwandon kyankyasai. Kowane tauraro abincin mutum ɗaya ne. A kwanakin farko masu kallo ne ke zaɓar wanda zai sha wannan wuya, daga baya kuma ƙuri'arsu ce ke sallamar mutane ɗaya bayan ɗaya, har a naɗa sarki ko sarauniyar daji.

Tun daga 2003 ake yin shirin a wuri ɗaya, a Dungay kusa da garin Murwillumbah, arewacin jihar New South Wales ta Ostireliya. Wurin daji ne na gaske, amma an daɗe ana gyara shi don kyamara: akwai rumfar da ake ja a saman wani sashe na sansanin, kududdufin wanka da ruwan da ke zubowa a cikinsa aikin hannu ne, an kafa gadoji, an ja wayoyi, ga ɗakunan tace hoto a gefe. Ɗaruruwan ma'aikata ke aikin, kuma duk shekara sai an kwaso da yawa daga Birtaniya.

Abubuwa uku ne ke riƙe da aikin ba tare da mai kallo ya lura ba. Na farko wannan wuri da aka gama gininsa. Na biyu yanayi, domin watan Nuwamba lokacin zafi ne a can, mutum na iya kwana a fili kan gadon tafi-da-gidanka. Na uku agogo. New South Wales na gaban Landan da awa 11 a wannan wata, don haka ƙarfe 9 na dare a Birtaniya, lokacin da ake shirin kai tsaye, safiya ce a sansani. Ana gama shirin a ɗauki gwajin ranar da hasken rana, masu tace hoto su kwana suna aiki, da asuba komai ya haɗu.

Maris zuwa Agusta 2020: hanya ta toshe

A ranar 20 ga Maris 2020 Ostireliya ta rufe iyakokinta ga baƙi saboda cutar korona. Waɗanda aka bari su shiga sai sun yi kwana 14 a killace a otal, ga kuma iyaka da aka sa wa yawan masu sauka. Da farko masu shirin sun ci gaba da lissafin zuwa can, da fatan al'amura za su sassauta kafin Nuwamba. Ba su sassauta ba. Kwasar ɗaruruwan ma'aikata da kayan aiki da mashahurai da iyalansu zuwa ɗaya ƙarshen duniya, a killace kowa mako biyu, sannan a yi fatan ba za a sauya doka a tsakiyar aiki ba, caca ce da kuɗi masu yawa.

Soke shirin kuwa ba ƙaramar asara ba ce. Yana cikin shirye-shiryen da suka fi tara wa ITV masu kallo, yana zuwa daidai lokacin tallan Kirsimeti, kuma 2020 shekara ce da kuɗin talla ya riga ya faɗi. Ga shi kuma zango na 20 ne.

A ranar 7 ga Agusta ITV ta sanar cewa za a yi shirin a cikin Birtaniya, a wani rusasshen gidan sarauta. Kafin watan ya ƙare aka bayyana wurin: Gwrych, a gefen garin Abergele da ke arewacin Wales. Tilas ba ta rasa ɗakin kwana. Saura ƙasa da wata uku a fara.

Wasu ƙasashen da ke yin nasu nau'in shirin sun shiga irin wannan hali, kuma kowa da mafitarsa. Jamusawa, da su ma a yankin Murwillumbah suke yi, sun fara shirin zuwa Wales, suka fasa, suka ƙare da wani shiri na cikin sutudiyo kusa da birnin Cologne a Janairun 2021. 'Yan Ostireliya, da suka saba tafiya Afirka ta Kudu, sai suka koma gida suka yi amfani da sansanin da Turawan Birtaniya suka bari babu kowa.

Agusta zuwa Nuwamba 2020: mayar da kango sansani

Gwrych ba ganuwar yaƙi ba ce. Wani attajiri, Lloyd Hesketh Bamford-Hesketh, ya gina shi a farkon ƙarni na 19 a matsayin gidan zama mai kama da tsoffin fadoji, da hasumiyoyi da doguwar katanga, a jikin tudu mai kallon teku. A Yaƙin Duniya na Biyu ya ɗauki yaran Yahudawa kimanin 200 da suka tsere wa 'yan Nazi. Daga baya aka rufe shi, aka sace kayan rufinsa, benaye suka rufta, ya zama kango. Wata ƙungiyar kare gidan da aka kafa a 1997 ta saye shi a 2018. Wato abin da ITV ta karɓa haya katanga ce mai kyan kallo, ba rufi, ba ruwa, ba wuta.

Aikin farko tabbatar da cewa dutse ba zai faɗo wa kowa a ka ba, sannan rufe saman wuraren da za a zauna. An raba sansanin gida biyu, saɓanin na Ostireliya da komai ke wuri ɗaya: tsakar gida mai murhu inda ake girki da hira, da ɗakin kwana daban. Dalilin sanyi ne. A ƙarshen Nuwamba a wannan gaɓar teku rana kan faɗi wajen ƙarfe 4 na yamma, da dare kuma ma'aunin zafi kan sauko kusa da digiri 5 ko ƙasa, ga iska da yayyafi. Gajeren wando da 'yar shara suka koma rigunan sanyi masu kauri da takalma sau-ciki. Wanka ya zama aikin mutum biyu, ɗaya na buga famfon hannu ɗaya na ƙarƙashin ruwa. Hatta ƙananan kayan wasan an sauya musu suna: kuɗin daji suka zama sulallan fada, mai kanti Kev ya koma Cledwyn, kambun kuma na sarki ko sarauniyar fada.

Ɗakunan fasaha, wato inda ake haɗa hoto da sauti da tacewa da ciyar da ma'aikata, ba su samu wuri a cikin kangon ba. An kafa su a filin da ke ƙasan tudun, cikin tantuna da ɗakunan wucin-gadi, aka ja wayoyi zuwa sama.

Sai agogo, wanda ya juye gaba ɗaya. Yanzu ƙarfe 9 na dare ga mai kallo ƙarfe 9 na dare ne a sansani. Mafitar da aka samu ita ce a ɗauki gwaji bayan an sauka daga shirin kai tsaye, cikin tsakar dare, a tace shi da rana, a nuna washegari. Hakan ya sa 'yan sansanin kwanciya a makare da tashi a makare, kuma kusan duk gwajin zangon cikin duhu aka yi shi, da fitilu da tociloli.

Ta fuskar cuta, kowane ɗan takara ya yi kwana 14 a killace kafin shiga. Ana yi wa ma'aikata gwaji a kai a kai, kuma suna ɗauke da 'yar na'ura mai ƙara idan mutum biyu suka matsa kusa da juna fiye da mita 2. Ƙa'idar da komai ya rataya a kanta ita ce 'yan sansanin gida ɗaya ne a killace, duk wanda ya fita ya cuɗanya da mutanen waje ba ya dawowa. An gwada wannan tsari tun kafin a fara: gwajin ɗan rawa AJ Pritchard ya nuna yana da cutar a farkon Nuwamba, ya ƙarasa killacewarsa, aka sake gwada shi ya fita lafiya, ya shiga tare da sauran. Wales kanta tana cikin dokar kulle daga 23 ga Oktoba zuwa 9 ga Nuwamba, lokacin da ake tsakiyar gini.

15 ga Nuwamba zuwa 4 ga Disamba 2020: kwana 20 a kango

Mutum 10 suka shiga a daren farko, 2 suka biyo baya. Cikinsu akwai Mo Farah, ɗan tseren dogon zango mai zinare 4 na Olamfik, da 'yar jarida Victoria Derbyshire, da 'yan wasan kwaikwayo Shane Richie da Beverley Callard, da mai gabatar da shirye-shirye Vernon Kay, da marubuciya Giovanna Fletcher, da Hollie Arnold mai zinaren jifan mashi a gasar nakasassu ta 2016, da wani ma'aikacin gidan rediyon BBC da ba kowa ya san shi ba a lokacin, Jordan North.

A Ostireliya da lema ake diro da mutane daga jirgi. A nan sai aka sa su sauko daga kan dutse da igiya. North ya yi amai a bakin dutsen don tsoro kafin ya sauka, masu kallo kuwa da suka gano shi sai suka dinga jefa masa ƙuri'ar gwaji dare bayan dare. A gwajin da aka kulle shi da Richie cikin ramuka aka sako musu macizai, ya yi ta kiran sunan Turf Moor, filin wasan ƙungiyar Burnley da yake goyon baya, don ya kwantar wa kansa da hankali. Wannan 'yan mintoci su ne abin da aka fi tunawa da zangon, kuma babu abin da ke cikinsu da ke buƙatar dajin Ostireliya: akwati ne, da duhu, da macizai, da mutum mai tsoro na gaske.

Daren farko ya samu masu kallo kusan miliyan 11 a lokacin da ake nunawa, da aka haɗa da waɗanda suka kalla daga baya cikin mako guda adadin ya wuce miliyan 14. Ingila na cikin kulle na biyu daga 5 ga Nuwamba zuwa 2 ga Disamba, wanda ya rufe kusan dukkan kwanakin shirin. Mashaya da gidajen abinci a rufe suke, filayen ƙwallo ba 'yan kallo.

Sansanin ya zauna lafiya fiye da yadda aka saba. Rigimar da aka fi magana a kanta ta wanke-wanke ce tsakanin Richie da Pritchard, ita ma ba ta yi nisa ba. Wasu masu kallo sun ce ba gishiri, wasu sun ce a shekara irin wannan abin da suke so ke nan. Arnold ce aka fara sallama, Farah ya zo na 5, Richie na 4. A daren 4 ga Disamba Kay ya zo na 3, Fletcher ta doke North da ratar da ba ta kai kashi 1 cikin 100 na ƙuri'u ba. Ba a rasa dare ko ɗaya ba saboda cuta ko yanayi.

Wata matsala da ba a san ta a daji ba ita ce kusanci da jama'a. Gwrych na kallon babbar hanyar A55, kuma da dare ana haska katangarsa, mutane suka riƙa tsayawa a bakin titi suna ɗaukar hoto. A makon farko mota ta buge wata mata a kan hanyar da ke kusa da gidan ta rasu, iyalanta suka ce fitilun ta je gani.

Nuwamba 2020 zuwa Maris 2021: maganar ƙwari

Ana cikin mako na biyu, Iolo Williams, masanin halittun daji ɗan Wales, ya tayar da tambaya: dubban kyankyasai da tsutsotsi da gizo-gizo da ake zuba wa mutane a ka, ina suke ƙarewa? Dokar kare namun daji ta 1981 ta hana sakin halittar da ba 'yar ƙasa ba a dajin Birtaniya ba tare da izini ba, kuma akwai dazuzzuka masu kariyar doka a kewayen Gwrych. 'Yan sandan arewacin Wales suka duba ƙorafin, suka ba masu shirin shawara, ba a kai kowa kotu ba. ITV ta ce ƙwarin ba masu mamaye muhalli ba ne, a cikin ƙasar ake kiwonsu don ciyar da dabbobi, a rufaffen wuri ake sakinsu, ana kuma tattara su da an gama ɗauka.

Maganar ta sake tasowa a Maris 2021, lokacin da ƙungiyar Buglife mai kare ƙananan halittu ta bayyana cewa an yi amfani da wani nau'in jatan lande na ruwan daɗi, ɗan asalin yankin Turkiyya, a ɗaya daga cikin gwaje-gwajen ba tare da lasisi ba. Damuwar ita ce irin waɗannan baƙi, in suka shiga rafi, suna danne na gida. Shirin ya ɗauko kayan aikinsa na shekara 18 ya sauke a ƙasa mai wata dokar daban, kuma a nan ne binciken da masu shirin suka yi tun farko ya yi rauni.

Nuwamba zuwa Disamba 2021: an maimaita

A Agustan 2021 Ostireliya ba ta buɗe ba tukuna, ITV ta sanar da komawa Gwrych. An fara ranar 21 ga Nuwamba da tsari iri ɗaya. Masu kallon daren farko kimanin miliyan 8 ne, ƙasa da na 2020 da kusan miliyan 3. A wannan karon babu kulle a ƙasar.

Ranar 25 ga Nuwamba aka kai ɗan takara Richard Madeley, mai gabatar da shirye-shiryen talabijin, asibiti da asuba don a duba shi. Lafiyarsa ƙalau, amma ya riga ya fita daga killace, ƙa'ida ta hana shi dawowa. Haka shirin ya rasa ɗaya daga cikin manyan sunayensa a kwana na biyar.

Washegari, Juma'a 26 ga Nuwamba, guguwar Arwen ta sauka a Birtaniya daga arewa. A Northumberland, arewa maso gabashin Ingila, an auna iska mai gudun mil 98 a awa. A karon farko a tarihin shirin aka fasa yin sa kai tsaye, Ant da Dec suka naɗi maganarsu tun da wuri. Katangar dutse ta tsaya, 'yan sansanin suka kwana lafiya a ciki. Abin da ya lalace shi ne filin da ke ƙasa, tantuna da ɗakunan fasaha da wayoyi. Ba tare da su ba, kyamarorin da ke cikin kangon ba su da inda za su tura hoto. Aka kwashe 'yan takarar ranar Asabar, aka killace kowa shi kaɗai don kada a karya ƙa'idar cuta, aka soke shirin Asabar da Lahadi da Litinin, aka cike gurbin biyu daga ciki da tsofaffin hotuna. An dawo ranar Talata 30 ga wata.

Hutun ya taɓa zuciyar wasan. Shirin yana aiki ne da tarin yunwa da gajiya da zaman tare, kwana bisa kwana, har mutum ya manta da kyamara. Mutanen da suka yi kwanaki a ɗaki mai ɗumi, kowa shi kaɗai, sai an sake faro wannan tari daga tushe. Ranar ƙarshe kuma ba ta matsa ba, sai aka matse sallamar mutane cikin kwanakin da suka rage. Ɗan wasan kwaikwayo Danny Miller ya ci a ranar 12 ga Disamba.

2022: komawa

Ostireliya ta buɗe wa baƙi masu rigakafi a Fabrairun 2022, shirin ya koma Murwillumbah a ranar 6 ga Nuwamba. Daren farko ya haura miliyan 9. Tsohuwar 'yar ƙwallon Ingila Jill Scott ta ci, tsohon ministan lafiya Matt Hancock ya zo na 3. Gwrych ya koma hannun ƙungiyarsa da suna da baƙin da bai taɓa samu ba, da kuɗin haya da suka shiga aikin gyara.

Hukunci

Ƙaurar 2020 ta yi nasara, kuma ba a banza ba. Masu shirin sun bambance abin da yake ƙashin bayan wasan da abin da yake ado. Sun riƙe shinkafa da wake, da tauraro ɗaya abinci ɗaya, da ƙuri'ar kai tsaye, da masu gabatarwa biyu, suka bar daji da rana da lema. Sanyi ya yi aikin da zafi ke yi, duhu ma ya ƙara wa gwaje-gwajen tsoro. Killacewar kwana 14 da gwajin ma'aikata sun hana cuta shiga sansani a zango biyu a jere, wanda shi ne ainihin abin da aka ƙaura dominsa.

Sai dai ba daidai ba ne a ba kangon ladan miliyan 14. Jama'a na kulle a gida, wurin sabo ne, an kuma dace da mutum kamar North da ba a shirya shi ba. Da aka maimaita wuri ɗaya a 2021 ba kulle ba sabunta, adadin ya sauko tun daren farko, kafin iska ta kaɗa. Guguwar ba ita ta kawo faɗuwar ba, ƙara ta ta yi.

Inda tsarin ya gaza shi ne abin da aka ɗauka ƙarami. An kashe ƙarfi wajen kare mutum 12 a bayan katangar dutse, aka bar ƙwaƙwalwar aikin a ƙarƙashin tamfol, a buɗaɗɗen fili, a gaɓar teku, a watan guguwa. A 2020 yanayi ya yi sauƙi, raunin bai fito ba, shi ya sa aka koma da shi yadda yake. Wata uku na gaggawa uzuri ne a shekarar farko. A shekara ta biyu an samu wata 12, kuma ɗakin haɗa hoto na biyu a cikin gini mai ƙarfi, nesa da tudun, da ya rage asarar dare uku ko da bai hana ta gaba ɗaya ba. Ƙa'idar da ta fitar da Madeley ma haka: ta dace da Nuwamban 2020 da babu rigakafi, amma aka shigo da ita 2021 ba tare da wata hanyar da mutum zai ga likita a waje ya dawo ba.